Barandamin Ƙofar Tukunya

Da sunan Wanda ya shimfiɗa ƙasa ba mataimaki, ya ɗaga sama ba ginshiƙi, ya raba wa 'yan Adam harsuna, ya ba kowa daidai bakinsa, ya ba ni wanda ya fi bakina tsawo. Na tsaye ya zauna, na zaune ya gyara, mai gyangyaɗi a zungure shi. Ni ne Barmo ɗan Tagwai, gishirin zaure, ƙaya a tabarmar malamai, wanda ya taka ƙasashen da tsuntsu bai san hanyarsu ba ya dawo da takalmansa.

Karatuna ban kai shi ƙarshe ba, kuma ba don kaina ya gaza ba, kan ne ya yi wa makarantar yawa. Wata rana malaminmu ya dube ni ya ce, "Barmo, uwargida tana bukatar kuka, je ka samo mata." Ta miya yake nufi, kowa ya gane, har ni. Amma kalma ya furta, ni kuwa ba na ƙetare kalma. Na tarar da 'ya'yansa suna wasa a gindin turmi, na bi su da mintsini ɗaya bayan ɗaya, na tattaro su na dire mata a ƙofar ɗaki suna ɓare baki. Na ce, "Ga shi nan, Inna, da zafinsa." Ranar na gane bulalar Malam ta fi allona tsawo, na kuma gane ƙafafuna sun fi bulalarsa. Ban tsaya ba sai bayan gari, a can na rantse ba zan koma ba sai na samo ilimin da ba a rubuta a allo.

Na ƙetare Gulbin Son-Yabo, wanda ba ya ba matafiyi hanya sai an yi masa kirari. Na zuga shi har ya kumbura ya cinye gonakin mutane, na tsere a bayan wata saniya. Na ratsa Dajin Tsegumi, inda itatuwa ke tare hanya sai ka ba su sabon labari. Na shirga wa wata tsamiya ƙaryar da ta sa ta faɗi ƙasa don mamaki, na taka ta na wuce. Duk waɗannan wasa ne. Abin da ya sa na tara ku shi ne abin da ya same ni a Birnin Tukunya.

Ina tafe cikin wata ƙasa ta duwatsu sai na hango hayaƙi yana fita daga ƙoƙon wani tsauni. Na hau, na tarar da rami mai faɗin fili, ƙamshin waina yana tasowa daga ciki. Na leƙa don in yi ihu in ji yadda muryata za ta dawo, domin ban taɓa jin muryar da ta kai ta daɗi ba. Dutsen kuwa santsi gare shi kamar an shafa masa man shanu. Ban ankara ba sai ga ni ina zamewa, ina salati ina zagi a haɗe, har na nutse cikin tulin ƙaiƙayi.

Da na fito da kai sai na ga wata tsohuwa zaune gaban tanda tana juya waina, ko ɗago ido ba ta yi ba.

Ta ce, "Sannu da faɗowa. Ni na tara ƙaiƙayin nan, tun da wani ƙato irinka ya faɗo ya fasa mini tanda. Ina barandami?"

Na ce, "Wane barandami, Gwaggo? Ni ko sanda ban riƙo ba."

"Gaisuwa ce, ɗan nan. In an ce maka ina barandami, sai ka ce yana gicciye. Ka koya, don za ka daɗe kana faɗa."

Sunanta Ladingo. Ta ba ni waina, na ci, sannan na ɗaga kai na duba. Garin a cikin tsaunin yake, tsaunin kuwa ginin tukunya ne: ciki mai faɗi, baki tsukakke can sama. Bangon ya lanƙwaso ta kowane gefe, sumul, ko ƙadangare ba ya iya hawa. Rana takan leƙo da tsakar rana kamar baƙon da ya bar kaya a hanya, ta gaisa ta wuce. Hatsinsu gajere, itatuwansu duk sun karkata wuya suna kallon bakin ramin, haka ma mutanen. Duk wanda ke ciki, ko dai ya faɗo ne, ko kakansa ya faɗo.

Na ce, "Gwaggo, ta ina ake fita?"

Ta goge hannu ta ce, "Kowa tambayarsa ke nan bayan waina. Taso."

Kafin mu kai inda za ta kai ni, na ji kalmar nan har ta gundure ni. Wani yana rantsuwa a kan kuɗin akuya, yana cewa barandami ya ɗauke shi in ya yi ƙarya. Wata tana yi wa maƙwabciyarta gori, wai bakinta barandami ne, ya sara ya kuma jawo. Makiyaya suna saro wa awaki ganye da doguwar gora mai lauje a kai, shi ma sunansa ke nan. Dogon mutum mai ranƙwafaffen wuya barandami ne. Alkawarin da ba za a cika ba, sai su ce sai barandami ya tashi. Na ga yara sun gicciya kara a lungu suna hana juna wucewa.

Sai muka iso ƙofa, ita kaɗai ce a garin, a gabas. A gabanta ga wani mutum na tagulla tsaye, tsawonsa kamar giginya, shi suke kira Dogon Tagulla. Ya gicciya makaminsa a bakin ƙofar. Ƙotarsa doguwa, a kanta ruwan gatari mai siffar jinjirin wata, a bayan ruwan ƙugiya, a can ƙarshe tsini kamar na mashi. Na sha ganin barandami a hannun mafarauta, amma wannan ubansu ne duka. A saman ƙofar an rataye goruna birjik, bakinsu a toshe, suna wani gunji ƙasa-ƙasa kamar amya.

Da ya ji takunmu sai ya buɗe baki. Muryarsa ba hawa ba sauka, kamar ana dukan tasa da tsinke a wuri guda. Ya ce, "Ba mai fita sai barandami."

Gwaggo ta ja ni baya. Ta nuna wani farin dutse a ƙasa ta ce, "In ka ƙetare wannan, zai tambaye ka wa ke nan. In amsarka ba ta yi masa ba, ƙugiyar can za ta shiga bakinka ta zaro muryarka, ya zuba a gora. Ba jini, ba ciwo. Ka koma gida lafiya lau, sai dai ba za ka ƙara cewa ko wash ba."

Wani dattijo mai faɗin ƙirji ya zo wucewa da damin gero a ka. Ta ce, "Ga mijina nan, Nagoma. Babu maƙerin da ya kai shi a Tukunya. Ya ƙera barandami irin na Dogo sak, ya ɗauka ya je ya ce, ga barandami. Gorarsa ce waccan mai igiya ja. Tun ina da haƙoran gaba." Nagoma ya dube ni, ya ɗan sunkuyar da ido alamar gaisuwa, ya wuce. Ta ce, "Makiyayi ya je da na saran ganye. Dogon mutum ya je ya ce shi ne. Wata ta je ta ce bakinta ne, ka kuwa san da gaskiyarta. Duk suna rataye."

Mai hankali da ya ji wannan sai ya kama bakinsa. To, ni hankali gare ni har ya yi yawa, shi ya sa yake zuba.

A gefen ƙofar akwai majalisar masana, shugabansu wani siriri mai gemu kamar na bunsuru, Malam Anaruwa. Aikinsu ke nan tun kakanni, musu a kan kalmar. Na tarar yana cewa asalinta daga kukan wani mayaƙi ne da aka ƙwace wa komai, ya ce a bar ni da mi. Wani ya ce a'a, sai an tantance ko mai ƙugiya ne na ainihi ko marar ƙugiya. Na tsaya ina saurare, dariya ta kuɓuce mini.

Malam Anaruwa ya ce, "Baƙo, ƙaiƙayi bai gama fita daga kunnenka ba kana yi wa manya dariya?"

Na ce, "Allah gafarta Malam, ai dole. Kakana ne ya raɗa wa makamin nan suna, ni aka aika na sayo goron sunan. Abin da Dogo yake nufi ai..." na ƙarasa da kalmomi biyun da suka jawo mini tsiya.

Gwaggo ta dafe kai ta ce, "Wayyo wainata, na ciyar da gawa."

Malam Anaruwa ya shafa gemu, yana murmushin da ban so ba. Ya ce, "Ka ce ka sani? Jama'a kun ji?" Suka ce sun ji. Ya ce, "To, ga dokar Tukunya. A da, masu cewa sun sani sukan tura wasu su je su gwada, su su zauna da muryarsu. Sai aka yanke cewa duk wanda ya furta kalmomin nan biyu, shi zai ƙetare farin dutse da ƙafarsa. Ranar da aka gama shigar da hatsi ita ce ranarka."

Na ce wasa nake. Ya ce Dogo ma yana son wasa. Don kada in ɓuya, suka ɗaga ni suka zura a babban rumbun gari ta sama, suka rufe da murfi.

Ku da kuke zaune a sarari, iska tana kaɗa muku riga, ba za ku gane ba. Tukunya a cikin tukunya, ni a cikin ta biyun. Bango sumul, haske ɗan zare ta gefen murfi. In na miƙa hannu dama in taɓa laka, in na miƙa hagu in taɓa laka. Kowace safiya sai a ɗaga murfin, Nagoma ya jefo dammunan gero, ni in tattake in hau kansu. Kullum gero yana ƙaruwa, wurin zamana yana raguwa, ina matsowa kusa da baki. Na gane ba sai an faɗa mini ba: ranar da kaina ya taɓa murfi, ranar za a kai ni.

Na gwada dabara, don ba a san ni da zama ba. Na miƙe na sandare kamar na mutu. Gwaggo ta leƙo da ƙwaryar tuwo ta ce, "Allahu akbar, ya cika. Nagoma, miƙo garin barkonon nan, a al'adarmu da shi ake yi wa baƙo turare." Ban bari ya iso ba, na tashi na ce suma ce. Na yi haukan ƙarya, na yi haushi irin na kare. Ta ce, "Madalla, ka yi da yawa, ka ajiye na tunawa." Na ce mata ni ɗan sarkin aljanu ne, ubana zai rushe tsaunin. Ta ce, "Don Allah aika masa ya hanzarta."

Daga nan dabara ta ƙare, tsoro ya zauna. Ba mutuwa nake tsoro ba. Amma ni Barmo, a ce na ga wawa ya yi tuntuɓe ban ce komai ba? A ce a yi ƙarya a gabana ban ɗora wadda ta fi ta ba? Sai na kama magana ni kaɗai kamar mai cin tuwon ƙarshe kafin fari. Na yi wa kaina kirari, na zagi duk wanda na taɓa sani, na rera waƙoƙin da uwata take yi a bakin dutsen niƙa, na karanta ɗan abin da ya rage mini na allo, har inda na tsaya. Nan na yi shiru, don babu na gaba.

Wata safiya da Nagoma ya ɗaga murfi, na ce, "Baba, yaya abin yake?" Ya daɗe yana kallona. Sannan ya juya ya nuna matarsa can ƙasa tana fifita wuta, ya buɗe baki kamar zai kira ta, ya rufe. Ya ɗaga kafaɗa. Ban ƙara tambaya ba.

Amma hali zanen dutse. Washegari na gan shi ya hawo tsani yana nishi marar sauti, dami ya danne masa wuya, sai tsiyata ta motsa. Na ce, "Kai, duniya! Maƙerin da ya gagari Tukunya, yau ga shi ya koma baran dami!"

Rumbu yana da amsa-kuwwa, amma irin ta laka, mai kashe daɗin murya. Maganata ta bugi bango ta dawo mini a miƙe, ba hawa ba sauka, kamar dukan tasa: barandami.

Na yi zaune a kan gero. Na sake faɗa, ta sake dawowa. Na tuna kukan uwargidan Malam. Ashe Dogo bakin tagulla gare shi, ba ya iya ɗaga nan ya sauke can kamar yadda ɗan Adam yake yi don a bambanta kalma da 'yar'uwarta. Mutanen Tukunya sun ga makami a hannunsa, kunnensu ya bi idonsu.

Na ƙwala wa Gwaggo kira har ta hawo tsani da kanta. Na faɗa mata. Ta dubi mijinta, ta dube ni.

Ta ce, "Ka tabbata, ko irin ta kakanka ce mai raɗa suna?"

Na ce, "Gwaggo, ko rabin tabbas ba ni da shi. Amma ga dabara. A ɗaure mini dami na ƙarya, kara a waje, ciki fanko, in ɗora in je in ce ni ne baran dami."

"Ji shashasha. Baran wa? Ka taɓa ganin bara ya zaɓi kayan da zai ɗauka? Ka taɓa ganin an yi sallama da ayari, bara ya amsa uwar ɗakinsa tana tsaye? In za ka yi, ka yi na gaske. Ka zama barana, ka ɗauki abin da na ɗora maka, ka kulle wannan bakin. In Dogo ya tambaya, ni zan amsa."

Na ce, "In kuwa ba haka ba ne, muryarki zai ɗauka."

Ta ce, "To? Wanda nake so ya amsa mini ba ya amsawa. Mun riga mun saba hira da hannu. Kai kuwa in aka raba ka da baki, me ya rage? Kunnuwa?"

Ta je ta sami Malam Anaruwa ta ce a ba ta aron ɗan sarkin aljanu ya taya ta kwasar gero kafin ranarsa, tunda ci yake yi ba aiki. Aka fito da ni da igiya a ƙugu, bakin igiyar a hannunta. Abin da na gani a sauran kakar nan, ko maƙiyina ba na yi wa fata, sai dai Malam Anaruwa. Tun safe, "Bara, ɗauko! Bara, sauke! Bara, wa ya ce ka sauke?" Yara suna bina suna waƙa. In na buɗe baki zan rama, sai ta finciki igiya. Wuyana ya sage, gammo ya cinye mini gashin tsakar ka. Nagoma yakan taya ni ɗorawa, in ya ga ƙafata tana rawa sai ya dafa mini baya har in daidaita. Na fara gane maganar hannunsa. Ashe mutumin ban dariya ne, duk garin ba wanda ya kai shi iya kwaikwayon tafiyar Malam Anaruwa.

Ranar ta zo. Gari duka ya taru a bayan farin dutse. Gwaggo ta zaɓo dami mafi girma a gonarta, wanda raɓa ta jiƙa, ita da mijinta suka ɗora mini har na ji ƙashin bayana yana gaisawa da na ƙuguna. Ta shige gaba da igiya, ina biye.

Malam Anaruwa ya ce, "A'a, jikan mai raɗa suna, ina makamin? Ko da gero za ka sare shi?" Aka fashe da dariya. Wani ya ce, "Guzuri ya ɗauka, ya ji an ce bebaye suna yawan ci!" Wata ta ce, "Yi mana kirarin nan na rumbu mana, na bankwana!" Amsoshi suka taru a bakina, kowace ta fi 'yar'uwarta daɗi, irin waɗanda ake tunawa har jikoki. Na cije su. Wallahi damin bai kai su nauyi ba.

Muka ƙetare farin dutse. Gunjin goruna ya ƙaru. Dogo ya sunkuyo da kai, wuyansa yana ƙara kamar tsohuwar ƙofa, ya ce, "Wa ke nan?"

Gwaggo ta gyara ɗaurin zane. Ta ce, "Baran dami ne. Ni ce uwar ɗakinsa."

Ƙugiyar ta taso. Ta sauko a hankali har ta tsaya daidai leɓen Gwaggo, ita kuwa ba ta rufe baki ba, ba ta ja da baya ba. Na ji Nagoma ya ƙetaro dutsen ya tsaya a gefenta. Sai ƙugiyar ta gota, ta hau kan damina, ta danna. Awo yake yi. Gwiwoyina suka lanƙwashe, idona ya yi duhu, na ce a raina da fanko na ɗauko da yanzu kara ya watse. Ya danna har ya gamsu. Sannan barandamin da yake gicciye tun kafin a haifi kakan kowa a wurin ya tashi tsaye, ƙofa ta buɗe, wata iska mai ƙamshin ciyawa ta shigo ta kaɗa wa mutane riguna. Na ji tsofaffi suna kuka.

Gwaggo ta ja igiya, muka shiga ƙarƙashin ƙofar. Saura taki kaɗan. Sai na jiyo muryar Malam Anaruwa a bayana, ya riga kowa sungumar damin maƙwabcinsa, yana cewa, "Jama'a, ai dama tun farko ra'ayina ke nan, ban dai bayyana ba ne don a yi bincike!"

Jama'a, na jure yara, na jure gammo, na jure ƙugiya. Wannan kam ban iya ba. Na juyo a fusace, damin ya yi wani lilo ya rafki gorunan da ke rataye, suka zubo suna fashewa a kan dutse. Muryoyi suka tashi kamar an tashi tsuntsayen jan baki daga gona, kowace tana neman maƙogwaron mai ita. Ni kuwa na buɗe baki iya ƙarfina na ce, "Ƙarya kake, mai gemun bunsuru! Ni kaɗai na ce na sa..."

Walƙiya na gani. Wani sanyin ƙarfe ya taɓa mini harshe. A daidai lokacin Gwaggo ta fincike igiya da ƙarfin da ban san tana da shi ba, na faɗa waje, ni da dami, a kan ciyawa. Na taɓa bakina na ce, "Wash!" Da na ji wash ɗin ya fito, na sake faɗa don daɗi.

Nagoma ya fito yana tari, yana dafe da wuya. Gwaggo ta saki igiyata ta tsaya a gabansa tana jira, hannuwanta a ƙirji. Ya yi gyaran murya, murya ta fito a dushe, mai tsatsa.

Ya ce, "Ladingo."

Ta ce, "Na'am, Malam." Hawaye yana bin kumatunta.

Ya ce, "Gishirin miyarki yana yawa. Tun ranar nake so in faɗa miki."

Ta kai masa duka a kafaɗa, tana kuka tana dariya, ta ce a mayar da shi gorar.

Mutanen Tukunya suka yi ta fitowa, kowa ɗauke da damin wani, kowa yana amsa wa na bayansa, har aka bar Dogo shi kaɗai yana gadin ƙaiƙayi. Na tashi zan kama hanyata. Gwaggo ta ce, "Bara, wa ya 'yanta ka? Ɗauko." Haka na ɗauki geron nan har inda suka kafa sabon gari, shi ya sa kuka ga wuyana ya ɗan karkata. Yaran can har yau in sun ga dogo mai karkataccen wuya ba sa cewa barandami kawai, sai su tambaya, na ƙarfe ko na Gwaggo?

A hanya ne na gano abin da ƙugiyar ta samu. Nagoma, wanda tun da murya ta dawo bai yi shiru ba, ya ce, "Barmo, ka san sunan tsuntsun can?" Na buɗe baki zan ba shi amsar da na saba ba kowa a kan komai. Sai iska. Na sake, iska. Kalmomi biyun da suke kan harshena lokacin, su ta zare, kuma ba gorar da za a zuba su, sun faɗa Tukunya, da kowa ya gama fita ƙofa ta rufe a kansu. Ina iya rubuta su da ɗan guntun karatuna, ga su: na sani. Amma bakina ba ya furta su, ko a mafarki.

Gwaggo ta ce wannan ce rahama mafi girma da aka taɓa yi wa masu zama kusa da ni. Ni kuwa ga yadda na ɗauki abin, kuma ku shaida. Ku zagaya duniya bakwai, ku tambayi sarakuna da malamai da attajirai, kowanensu akwai ranar da ya dafe ƙeya ya yi nadama da baki. Barmo ɗan Tagwai kaɗai ne, a duk bayin Allah, ba za a taɓa jin ya ce wannan da na sake rubuta muku ba: da na sani.

Mai gyangyaɗin nan a tashe shi, a ba shi tabarmar ya naɗe. Yau shi ne baran tabarma.